Tambayar Inna a Hanyar Daji

A shekarar da Bature ya kwashi mazan garinmu aikin hanya a dajin Birnin Gwari, ni nake raka Inna kai wa Baba fura. Cikinta ya tsufa, ga shi ta binne jarirai uku a jere.

Ran nan muka tarar suna hutawa a gindin ɗorawa. Ƙanin Baba, wanda al'ada ta ba shi damar tsokanarta, ya dubi cikin ya ce, "Matarmu, wannan baƙon zai zauna kuwa, ko in taho da digar nan gida saboda haƙan kabari?"

Maza suka kwashe da dariya. Baba ya sunkuyar da kai, don kunya ce namiji ya tanka zancen cikin matarsa a gaban mutane. Inna ma ta yi dariya, ta ce, "Allah ya shirye ka."

Da muka yi nisa ta tsaya, ta dube ni. Ta ce, "Uwata, ke ma kina ganin ba zai zauna ba?"

Har na tsufa ina juya tambayar nan, ina neman amsar da za ta kwantar mata da rai. Daga ita har jaririn, babu wanda ya kai lokacin kaka a shekarar.