Dutsen Danne Kifi

Baƙuwar tsohuwar ta ajiye lomar shinkafa da kwakwa, ta ƙura wa tulun kifinmu ido.

Ni na kawo ta gida cin abincin rana, bayan na nuna mata hasumiyar da ke haska wa jiragen ruwa hanya a da. Na ba ta tarihin da muke ba kowa: mai kula da fitilar ya sace gilasanta, gari ya kore shi da iyalinsa.

"Ɗana, mene ne wancan a kan murfin?"

"Dutsen teku ne, Inna. Da shi muke danne kifi, gishiri ba ya cin sa. Kowane gida akwai."

"Kowane gida?"

"Har gidan mai gari," na ce ina dariya.

Kakata ba ta yi dariya ba. Ta sunkuyar da kai.

Baƙuwar ta ɗauko dutsen, ta goge gishirin da bakin mayafinta, ta ɗaga shi saitin taga. Haske ya cika ɗakin.

"Haka babana yake goge su kowace safiya a saman hasumiyar," ta ce.

Ta mayar da shi kan tulun a hankali. "Kada kifinku ya lalace."