Wanda Ya Ci Ƙwallon Farko

Ranar da majalisar gari ta manna sanarwa a ƙofar filin wasa, tsohon telan nan da ake yi wa laƙabi da Katanga ya karanta ta har sau uku, sa'an nan ya koma shago ya ɗinka wa wani bawan Allah hannun riga a baibai.

Sanarwar ta ce filin zai cika shekara hamsin, kuma za a kafa allon tagulla a babbar ƙofa, a zana sunan wanda ya ci ƙwallon farko a cikinsa. Babu wanda ya tsaya tambayar ko wane ne. Kowa ya san Walƙiya ne, tsohon direban motar majalisa.

Shi wannan fili asalinsa fadama ce da jakuna ke kiwo. Majalisa ta cike ta da ƙasa, ta kewaye ta da kwano, ta jera bencuna na katako. Bayan shekara goma aka zuba matakalan siminti, daga bisani aka gina rumfar manyan baƙi, aka kuma kafa fitilu huɗu waɗanda ba su taɓa yarda su kama gaba ɗaya ba. Cikin dukan waɗannan sauye-sauye, abu guda ne bai gusa ba: kujerar Walƙiya a sahun farko na rumfa. Katanga kuwa, wanda shi ma ya buga wasan buɗe filin, tsakanin Ma'aikatan Ruwa da 'Yan Kasuwa, sai ya bi layi kamar kowa ya zauna a rana.

Ya haƙura da kujera. Ya haƙura da gaisuwar da ake rusuna wa Walƙiya. Amma tagulla ba ta ruɓewa, wannan ne ya hana shi cin abinci.

"Malam, ka bar kaza cikin gashinta," in ji matarsa. "Shekara uku ka yi ba ka taka garin nan ba bayan wasan. Ka manta?"

"Ban manta ba. Amma kan wa ƙwallon ta taɓa daga ƙarshe? Nawa ko nasa?"

Kamar da gangan, kashegari sai ga Walƙiya da yadinsa a hammata, yana son a ɗinka masa rigar bikin.

"Abokina, a faɗaɗa wuya, ka san kan manya," ya ce yana dariya.

"Kan da bai taɓa ƙwallo ba? Wuyan yara ma ya ishe shi."

Dariyar Walƙiya ta tsaya. Ya dubi telan na ɗan lokaci, ya ce, "Ka bar mini kayan nan, Katanga. Na saba da ɗaukarsa, bai yi mini nauyi ba."

Katanga ya ɗauki wannan magana a matsayin rainin da ya fi kowane raini. Ya rufe shago, ya rubuta wa majalisa takardar ƙorafi mai shafi huɗu. Magatakarda ya amsa da cewa jaridar wancan lokaci Walƙiya ta ambata, sai fa in akwai shaidar da ta fi jarida.

Akwai kuwa. Alƙalin da ya busa wasan yana raye, ya haura tasa'in, kuma bai taɓa yar da littafin aikinsa ko ɗaya ba. Katanga ya same shi a zaure, ya durƙusa ya gaishe shi, ya faɗi abin da ke tafe da shi. Tsohon ya sa aka jawo akwatin ƙarfe, ya laluba, ya buɗe shafin.

"Ɗana, abin da na faɗa wa ɗan jarida daban, abin da na rubuta daban. Haka muke yi a zamaninmu, muna ba ɗan gaban da ya fi kusa cin ƙwallon, kowa ya tafi gida lafiya. Ka tabbata kana so a buɗe?"

"Baba, ko a ce ni, ko a ce babu. Amma ba shi ba."

"To, sharaɗina ɗaya. A kwafe yadda na rubuta, kada a rage ko wasali."

Majalisa ta zauna, ta duba littafin, 'yan majalisa suka dubi juna. Magatakarda ya aika sau biyu a tambayi telan ko zai janye. Katanga ya ce ko a mafarki.

Ranar bikin, Katanga ya shiga ta babbar ƙofa ba tare da bin layi ba, karo na farko a rayuwarsa. Aka zaunar da shi a sahun farko. Ya waiga ya ga Walƙiya can baya cikin tsohuwar riga, ya ji wani sanyi ya ratsa zuciyarsa, irin wanda bai ji ba cikin shekara hamsin. Matarsa ba ta zo ba. Ta ce kanta ke ciwo.

Shugaban majalisa ya yaye ƙyallen da aka rufe allon da shi. Tagulla ta ɗauki rana tana walwali. Magatakarda ya gyara murya, ya matso da bakinsa kusa da lasifika, ya karanta wa mutum dubu takwas abin da zai zauna a ƙofar nan har jikokin jikoki:

"Ƙwallon farko a wannan fili, a minti na shida: Katanga, ɗan bayan Ma'aikatan Ruwa, da ka, a cikin ragar Ma'aikatan Ruwa."