Ramuka Bakwai a Kufai

"A nan mutanen zamanin da suke jefa fursunonin yaƙi," in ji mai yi musu jagora, yana nuna ramuka bakwai a tsakiyar wani kufai da ke bayan Katagum. 'Yan yawon da mota ta kwaso daga Azare suka ɗaga wayoyi.

Wata tsohuwa a cikinsu ta tuntsire da dariya har ɗankwalinta ya zame. 'Yarta ta riƙo ta cikin kunya. "Inna, don Allah." Shekara biyu ke nan a gida ana cewa tsohuwar ta fara rikicewa.

Tsohuwar ta dubi mai jagora. "Ɗan nan, riga da zane kaɗai aka taɓa jefawa a nan. Marinar babana ce. Bayan tsamiyar can akwai tafki, a nan na koyi iyo."

"Hajiya, ba ya cikin takardata."

Ta kankare bakin rami da farce, ta yi gaba, kowa ya biyo ta. Tafkin yana nan, cike taf. Samari suka faɗa da ihu.

Tsohuwar ta tsoma hannu a ruwan, ta ɗago shi saitin idon 'yarta. Busasshen shunin da ta kankaro ya jiƙe, yatsunta sun yi shuɗi.

Mai jagora ya ninke takardarsa. "Hajiya, daga nan sai ina?"