Sunan da Na Goge Ranar Juma'a

"Rabbi, goge sunan mijina," in ji wata tsohuwa, da ta tare ni a ƙofar majami'armu ta Yahudawan Melbourne, inda ni ne rabbi, wato malaminsu.

Wata goma sha ɗaya ke nan ina kiran sunan nan kowace Asabar, haɗe da na mahaifiyarsa bisa al'adarmu, cikin jerin majinyatan da muke roƙa wa waraka. Sunaye tara na goge bana, kuma duk taran sai da na raka su makabarta.

Alƙalamin ya yi mini nauyi. Na sunkuyar da kai, na soma yi mata ta'aziyya.

"Haba, bakinka ya sari ɗanyen kashi! Wa ya ce maka ya mutu?"

Ta nuna mota. Ga tsohon can ya leƙo ta taga, yana ta masifa an bar shi a rana.