Bencin Kyaftin Delbert

Jar fitilar kyamara na kamawa, Delbert Kuhlman ya gyara gemunsa na auduga, ya yi tsalle gaban yara.

"Ina matuƙan jirgina?"

"Ga mu, Kyaftin!"

A bazarar 1952 babu yaro a garinmu da ke jihar Ohio da bai san wannan kiran ba. Kai tsaye ake watsa shirin daga tashar talabijin ta garin. Tsakanin katun da katun Delbert kan rungumi yaran da ke benci, ya goge musu baki da hankicinsa, ya kurɓi madarar kamfanin da ke ɗaukar nauyin shirin, ya miƙa musu kofin ya zagaya. Kafin ya samu aikin nan sai da ya shekara biyu yana zaman kashe wando, ga masu harin kujerarsa a tashar.

'Yarsa Lorna takan zauna a layin gaba, sai kwatsam aka daina ganinta. Da Mista Yoder, manajan tashar, ya tambayi inda ta shiga, Delbert ya ce tana gonar kakarta.

"Kai kuma ka ga idonka? Kamar gauta. Ka riƙa barci, Del."

Sai shan-inna ta shigo gari. Ɗan mai gidan burodi ne ya fara faɗuwa, sannan wasu tagwaye mata. Aka rufe wurin ninkaya da silima. Gidan da aka samu mai cutar, hukuma ta liƙa masa takarda a ƙofa, ba shiga ba fita. Matar Delbert ta daina zuwa coci, amma iyaye mata da yawa sun daina, ba wanda ya kula.

Da aka hana kawo yara tashar, Delbert ya sa kayan kyaftin ya bi su asibiti. Yana bin tankokin ƙarfen da ke yi musu numfashi ɗaya bayan ɗaya, yana kiran kowa da sunansa. Jarida ta buga hotonsa. Mahaifiyar tagwayen, wadda ta binne ɗaya, ta kama hannunsa tana kuka.

"Allah ya saka maka, Kyaftin."

Wata ma'aikaciyar jinya ta rako shi ƙofa.

"Ikon Allah, yallaɓai! Duk ɗakin nan babu wanda bai taɓa zama a bencinka ba. Shi ya sa suke murna da ganinka."

Ya juya ya fita. A mota ya cire gemun, ya daɗe riƙe da sitiyari kafin ya tada ita.

A gida matarsa ta miƙa masa kwanon ruwan ɗumi ba tare da ta dube shi ba. Ya hau bene, ya buɗe ɗakin da ba a ɗaga labulensa. Lorna na kwance inda take tun kafin ɗan mai burodi ya faɗi, ƙafafunta ba sa motsi, tana jiran babanta, wanda shi ke wanke ta da hannunsa kullum kafin ya tafi tashar.