Maƙerin da Ya Ƙona Ƙasa Mai Rai

Tunda ka ce abin da ke cikin ƙasa na wanda ya riga haƙa ne, gyara zama in ba ka misali. An yi wani gari, can inda fatake ba su cika zuwa ba, wanda Allah da ikonsa ya sa wa ƙasarsa rai. In ka ɗora tafin hannu a kanta sai ka ji ɗumi irin na jikin saniya, in ka natsu kuma ka ji tana numfashi. Mutanen garin suna nomanta, suna ɗibar yumɓu, ba ta taɓa hana su ba, don a wajenta wannan susa ce. Tama ma, dutsen da ake narkawa a fitar da ƙarfe, ba haƙa ta ake yi ba. Bayan ruwan farko ƙasar da kanta take turo ta a bakin rafi, daidai abin da zai ishi garin garma da fartanya na shekara. Garmar da ta ƙare kuwa sai a binne ta a gefen gona, ta koma inda ta fito.

A garin akwai wani maƙeri, gwani ne na gaske, sai dai Allah bai ba shi wadatar zuci ba. Da wasu fatake suka ɓato hanya suka ga kyan ƙarfensa, suka ce ko nawa ya samo za su kwashe, sai ya saɓi diga ya nufi bakin rafi. Mahaifiyarsa, tsohuwa tukuf, ta tare shi a ƙofa ta ce, "Ɗan nan, wadda ke miƙo maka da hannunta, kada ka zura mata hannu a ciki." Ya yi dariya ya wuce. Sara na farko ƙasa ta girgiza kamar fatar doki in ƙuda ya sauka, wani jan ruwa ya tsattsafo. Ya haƙa har ƙugu, ya tafi cin abinci, ya dawo ya tarar ramin ya haɗe, ko tabo babu. Ya tokare shi da itacen ƙirya, ta murƙushe itacen. Mai hankali da nan ya tsaya, amma shi maƙeri ne, ya san abin da wuta ta ƙona ba ya saurin haɗewa. Ya cika ramin da gawayi, ya kawo zuga-zugi ya hura har bangon ramin ya yi baƙi, sannan ya fizgo tama ya labta wa jakunan fatake. Daga ranar ƙasa ta yi tsit, shi kuwa ya ɗauka ya ci nasara.

Ba a daɗe ba tsohuwar ta cika. Maza suka tafi maƙabarta, diga ta sauka ta yi tsalle, har da tartsatsin wuta. Aka matsa gaba, haka. Aka koma bayan gari, haka. Rana ta take, gawa na kan makara a inuwar tsamiya. Can liman ya dubi maƙerin ya ce, "Malam, gawa ba ta jira. Ka san wadda ka ɓata wa." To, ina zai ga tamar? Ta yi nisa da fatake. Sai ya shiga maƙerarsa ya kwaso uwar maƙera da ya gada kaka da kakanni, da guduma, da awartaki, duk wani ƙarfe da yake ci da shi, ya jibge a bakin ƙonannen ramin, ya durƙusa yana kuka kamar yaro. Jama'a na kallo ƙarafan suka nutse sannu a hankali. Sai aka ji wani dogon numfashi a ƙarƙashin ƙafafu, ganyen itatuwa ya kaɗa alhali babu iska. Da suka koma maƙabarta suka tarar ƙasa ta buɗe da kanta, kabari mai sanyi, daidai tsawon tsohuwar. Wurin ya ɗauki kabbara. Aka sa ta, ƙasa ta rufe a hankali, ba a zuba ko tafi ɗaya ba.

Maƙerin ya tsaya, tsoro da kunya sun cika shi, don ya gane wata rana shi ma a kan makara za a kawo shi gabanta, kuma ran nan ba shi da sauran uwar maƙerar da zai miƙa. Bai ƙara ƙira ba. Da aron fartanya ya ƙare rayuwarsa, kuma kullum kafin ya sara sai ya ɗora tafin hannu ya saurara. Shi ya sa Hausawa suka ce, komai nisan jifa, ƙasa zai faɗo.