Wani Mai Taurin Kai

Tsohon Hedimasta ya buga littafin a kan teburin edita har alƙalumanta suka watse.

Littafin tarihin wani Razdan ne, Baturen da ya riƙe lardin a zamanin mulkin mallaka. Marubucin ya bi shi daki-daki: makarantar da ya yi, zazzaɓin da ya kwantar da shi, har sunan karensa bai bari ba. A tsakiyar littafin akwai hoto. An ɗaure wani mutum a jikin turke, ba riga, kansa a sunkuye. Wani ɗan doka ya ɗaga bulala da hagu. Razdan na zaune a inuwa, ƙafa ɗaya kan ɗaya. A ƙasa aka rubuta: "Ana hukunta wani mai taurin kai da ya ƙi aikin tilas."

Hedimasta ya danne ɗan dokan da tafin hannunsa, kamar yadda ya saba duk lokacin da ya buɗe shafin, don ko ganinsa ba ya iya jurewa. Ya nuna ɗaurarren.

"Kare ya sami suna, 'yar nan. Ubana kuwa 'wani' ne?"

Editar ta san shi sarai. Tun fitowar littafin yake sintiri a ofishin, har masu gadi suka daina tambayarsa wurin wa ya zo. Ya gyara musu kuskuren shekaru, ya gyara na rubutu, duk sun karɓa. Wannan ɗaya ce ta gagara.

"Baba, ƙarshen makon nan sabon bugu zai shiga inji, kuma ban ga alamar za a sake wani ba," in ji ta. "Ba zan sa sunan mutum a kan zato ba. Kawo mini wanda ya san shi ido da ido."

Zato! Shi da ya ji daga bakin mahaifinsa? Yana yaro ya taɓa tsintar hoton nan a wata tsohuwar jarida, ya kai wa mahaifinsa. Tsohon ya daɗe yana kallo, sannan ya ce, "Ina cikin hoton nan. Kada ka sake kawo shi gabana." Ɗa ba ya titsiye uba da tambaya, sai ya haɗa sauran da kansa. Ya ga yadda dattawan unguwa kan yi tsit in mahaifinsa ya doso, su dare su ba shi hanya. Ya ga bai taɓa ɗaga hannu ya doki ko kaza ba. Ranar da shi Hedimasta ya fara koyarwa ya shigo gida da tsumagiya, tsohon ya fizge ta da hagu, da yake bahago ne, ya kakkarya. Wace shaida kuma ake nema? Aji bayan aji ya ba ɗalibai labarin, suna tafa wa mutumin da ya ce wa Bature a'a.

Ya fita neman shaida da ƙafafun da suka gaji da shi. Telan da ya yi zamani da mahaifinsa, an ce ya rasu bara. Tsohon mai aski yana nan, amma da jin sunan mahaifin sai ya juya fuskarsa ga bango ya ƙi magana. Hedimasta ya ce a ransa tsufa ne, ya fito. Idanunsa kuwa kullum ƙara dushewa suke, likita ya riga ya gaya masa gaskiya. In bai ga sunan nan a buge yanzu ba, ba zai taɓa gani ba.

Saura mutum ɗaya: Gwaggo, ƙanwar mahaifinsa, wadda ta daɗe ba ta sauka daga gado ba. Duk lokacin da ya tayar da zancen a da, sai ta tuna ta bar tukunya a wuta.

Ya koma ofishin. Mutumin da sufetocin makarantu ke shakkar haɗa ido da shi ya cire hula, ya durƙusa gaban yarinyar da ya haifi kamarta.

"Ƙanwar ubana tana nan da rai, amma ba ta iya tasowa. Don girman Allah ki zo ki ji da kunnenki."

Editar ta ɗauki jakarta.

Suka tarar da Gwaggo a jingine da matashi, ɗakin na warin man zafi, rana ta shigo ta taga.

"Kai, ɗan nan, amarya ka kawo mini da furfurarka?"

Bai iya dariya ba. Ya ɗora mata tabaraunsa a hanci, ya buɗe shafin a cinyarta, tafin hannunsa a kan ɗan dokan, inda ya saba ajiye shi.

"Gwaggo, duba da kyau. Baba yana cikin hoton nan?"

 Ta dubi turken, ta dubi Razdan. Hawaye suka gangaro ta ƙarƙashin tabarau.

"Yana ciki," ta ce. "Ina tsaye a bayan taron ranar. Har ya koma ga Allah bai daina mafarkinta ba."

Hedimasta ya juyo ga editar. Ta riga ta zare alƙalami.

"Nuna mata shi, Gwaggo. Sa yatsanki a kansa ta gani."

Tsohuwar ta miƙo yatsanta. Ya wuce ta kan ɗaurarren bai tsaya ba, ya zo ya dungure bayan hannun Hedimasta.

"To ɗauke hannunka mana, ɗan nan. Ai ka rufe mini yayana."